Yadda ake ƙirƙirar mazhabar falsafa mai cewa gaskiya fuskoki gare ta, ba tare da ta rushe kanta ba

Tambayar daga marubuci take. Yana gina duniyar wani ƙagaggen labari, kuma yana son ya dasa tsohuwar mazhabar falsafa a cikinta, wadda ginshiƙinta shi ne abin da mutum ya gani ya danganta da inda ya tsaya. Ya cika shafuka, amma duk sanda malaman mazhabar suka buɗe baki sai maganarsu ta ƙare a "kowa da gaskiyarsa". Me ya rasa, kuma ta ina zai kama gyara?

Malam, abin da ka rasa shi ne hanyar da mazhabarka za ta ce wa mutum "ka yi kuskure". Duk wata mazhaba ta gaske da ta yi magana a kan yawan fuskokin gaskiya kuma ta daɗe, tana da wannan hanya, tana ma da kaifin baki wajen amfani da ita. Wadda ba ta da ita ba ta iya koyar da ɗalibi, domin ɗalibin da ba ya kuskure ba ya bukatar malami. Ba ta iya yanke hukunci, ba ta iya rabuwa gida biyu, ba ta da abin da za a yi wa sharhi. Shi ya sa malamanka suke magana kamar masu sulhu a tsakanin maƙwabta.

Kafin komai ka yanke shawara a kan mene ne yake da yawa, domin kalmar "gaskiya tana da fuskoki" tana ɗauke da da'awa huɗu waɗanda ba sa jituwa. Ta farko tana cewa abin da ake kallo ɗaya ne cikakke, masu kallon ne kowa ya samu yanki. Wannan ita ce ta labarin makafi da giwa, wanda ya zo a tsoffin littattafan addinin Buddha, daga baya kuma malaman sufaye irin su Rumi suka kawo shi da nasu salon. Ta biyu tana cewa shi kansa abin ne yake da siffofi masu karo da juna, ko da babu mai kallo, kuma wannan ce matsayar malaman addinin Jain na Indiya. Ta uku tana cewa gaskiya hawa-hawa ce, akwai ta mu'amalar yau da kullum akwai ta ƙarshe, kamar yadda Nagarjuna, malamin addinin Buddha na Indiya, ya tsara wajen ƙarni na 2 na Miladiyya. Ta huɗu ita ce mafi tsauri, ta Furotagoras na Girka a ƙarni na 5 kafin Miladiyya: iska ɗaya ta kaɗa, wani ya ji sanyi wani bai ji ba, to ga na farko iskar mai sanyi ce, ga na biyu ba mai sanyi ba ce, kuma babu wani alƙali a bayansu da zai raba gardama. Ɗauki ɗaya ka riƙe. Yawancin rubutun da ke fitowa cakuɗe, ya fara da giwa ne ya ƙare da iska ba tare da marubucin ya lura ya canja doki ba.

Labarin giwar nan ma ka yi hattara da shi. Duk mai ba da shi yana ganin giwar gaba ɗayanta, in ba haka ba ta yaya ya san cewa mai riƙe da kunne da mai rungume da ƙafa dabba ɗaya suke taɓawa? Labarin ya ɓoye mai ido a cikinsa. Dole mazhabarka ta faɗa ko akwai mai idon. 'Yan Jain sun ce akwai, shi ne wanda ya kai ga cikakken sani, kuma daga gare shi koyarwar ta samo ƙarfinta. Idan taka ta ce babu, to za a tambaye ta daga ina ta san akwai giwa.

Aiki na biyu shi ne ƙaidi. Aristotal, masanin falsafar Girka, da ya kafa dokar cewa abu ba ya kasancewa kuma ya ƙi kasancewa, ya sa mata sharaɗi: a lokaci guda, kuma ta fuska guda. Duk falsafar yawan fuskoki a cikin wannan sharaɗin take zaune. Ba karya dokar take yi ba, nacewa take yi cewa mutane suna magana ba su ambaci fuskar ba. 'Yan Jain sun mayar da wannan fanni mai ƙa'ida. Suna ɗaukar tulu su ce yana nan ta fuskar abin da aka yi shi da shi, da wurin da yake, da lokacinsa, da yanayinsa. Tulun yumɓu ne, don haka a matsayin tulun ƙarfe ba ya nan. Yana wannan ɗaki, don haka a wancan ɗaki ba ya nan. Sai suka sa wata gajeriyar kalma, syat, a gaban kowace magana, ma'anarta "ta wata fuska". Tushen maganganunsu uku ne: yana nan, ba ya nan, ba ya faɗuwa. Na ukun yana zuwa ne idan ka so ka furta na farko da na biyu a numfashi ɗaya, harshe kuwa kalma bayan kalma yake tafiya. Idan ka haɗa ukun nan ɗaiɗai, da bibbiyu, da duka tare, za ka samu 3 da 3 da 1, wato 7. Adadin daga lissafi ya fito. Wannan darasi ne gare ka: idan mazhabarka za ta ce mahanga 5 ce ko 9, mai karatu ya iya zama da alƙalami ya fitar da adadin da kansa. Lambar da aka zaɓa don daɗin ji kawai, ana gane ta.

Misalin da ya fi taimakawa wajen fahimtar yadda gaskiya ke yawaita kuma ƙarya ta ci gaba da zama ƙarya shi ne taswira. Duniya dunƙulalliya ce, takarda shimfiɗaɗɗiya, kuma masanin lissafi Gaus ya tabbatar a 1827 cewa ba a shimfiɗa dunƙulallen abu irin wannan ba tare da an gurɓata wani abu ba. Taswirar Markato ta 1569 ta kiyaye kusurwa, shi ya sa matuƙan jirgin ruwa suka so ta, amma ta kumbura ƙasashen da ke kusa da ƙuryar arewa har tsibirin Girinlan ya yi kama da girman Afirka, alhali Afirka ta ninka shi kusan sau 14. Wata taswirar ta kiyaye girman ƙasa ta lanƙwasa siffa. Babu wadda ta tattara komai, kuma ba laifin masu zanen ba ne. Duk da haka, wanda ya zana kogi inda babu kogi ya yi ƙarya a kowace irin taswira. Ka sa malamanka su riƙa tunani irin na masu zana taswira.

Bari in gina maka kwarangwal, ka canja abin da ka ga dama. Falsafa tana fitowa daga wata matsala da ta ishi mutane, don haka ka ba ta sana'a. A ce mazhabar ta taso a tsakanin masu fito a wani babban kogi, garuruwa biyu suna fuskantar juna, kowanne yana kiran ɗayan "ƙetare". Mai kwalekwale yana jin kalmar tana juyawa a bakinsa sau goma a yini. Gaɓar da take hannun damansa da safe ita ce a hagunsa da yamma. Ya san mai tsaye a tudu yana ganin ruwan a kwance, shi kuwa da yake tsakiya yana jin yadda yake jan sanda. Daga nan ƙa'idarsu ta farko ta fito: ba a magana sai an faɗi matsaya. Kowace da'awa tana farawa da "daga nan".

Yanzu ga inda kuskure yake shigowa, kuma iri uku ne. Na farko, mutum ya yi magana bai faɗi matsayarsa ba, kamar daga sama yake kallo. Wannan shi ne babban laifi a wurinsu, kwatankwacin abin da 'yan Jain suke kira ekanta, riƙon gefe guda a matsayin duka. Na biyu, mutum ya ambaci matsayar da bai taɓa tsayawa a kai ba, kamar wanda bai taɓa riƙe sanda ba ya ce "daga tsakiyar kogi". Na uku, ya tsaya a wurin da gaske amma ya gani ba daidai ba, saboda hazo ko tsoro ko son rai. Maganin na ukun shi ne abin da zai ba mazhabar haƙora: ana kiran wani ya zo ya tsaya a daidai wurin. Idan mutum uku sun tsaya inda ka tsaya ba su ga dutsen da ka ce ka gani ba, maganarka ta faɗi, kuma cewa "ai gaskiyata ce" ba ta cece ka ba. Matsaya wuri ce da wani zai iya takawa, ba abin da ke cikin zuciyarka kai kaɗai ba. Wannan jimla ɗaya ita ce ta raba su da Furotagoras.

Sai tambayar da kowane mai karatu mai wayo zai yi, kuma an yi ta tun fiye da shekara 2,300. Aflatun, masanin falsafar Girka, ya juya maganar Furotagoras a kansa: idan abin da kowa ya ɗauka gaskiya ne a gare shi, to waɗanda suka ɗauka cewa Furotagoras ya yi kuskure su ma sun yi daidai, kuma dole ya amince musu. Shankara, malamin addinin Hindu, wajen ƙarni na 8, ya yi wa 'yan Jain irin wannan: ita koyarwar taku ta "ta wata fuska", ita ma ta wata fuska ce take gaskiya, ta wata fuska kuma ƙarya? Tufka da warwara ke nan. Kada ka ɓoye wannan rauni, ka sa shi a tsakiyar tarihin mazhabar, domin amsoshinsa su ne za su haifar maka da ƙungiyoyi.

Amsa ta farko ta rungumi zargin. Ta ce e, koyarwarmu ma daga wata matsaya take, matsayar wanda ya ƙetare ya dawo, kuma ƙofa a buɗe take ga duk mai son ya ƙetare ya gwada. Waɗannan za su zama masu yawo da ɗaukar ɗalibai. Amsa ta biyu ta iyakance fagen. Ta ce yawan fuskoki yana aiki a wasu mas'aloli ne kawai, wasu kuwa fuska ɗaya gare su. Akwai misalin wannan a usulul fiƙhu, inda malamai suka yi saɓani a kan ko kowane mujtahidi ya dace ko kuwa ɗaya ne ya dace sauran suna da uzuri da lada. Masu ra'ayin farko, da ake kira musawwiba, galibinsu sun tsayar da maganar a mas'alolin ijtihadi, ba su kai ta ga abin da nassi yankakke ya tabbatar ba. Ƙungiyar da ta ɗauki wannan hanya a labarinka ita ce za ta samu kujerun alƙalanci, kuma rigimarta ta har abada ita ce ina iyakar take, wa ya shata ta. Amsa ta uku ta ce koyarwar ba da'awa ba ce, horo ne. Masu shakka na Girka sun kwatanta maganganunsu da maganin wankin ciki, wanda yake fitar da abin da ke ciki shi ma ya bi su ya fita. Waɗannan su ne za su ƙi rubutu, su riƙa amsa tambaya da wasa. Juwangzi na ƙasar Sin, a ƙarni na 4 kafin Miladiyya, irin wannan murya gare shi: mai kiwon birai ya ce zai ba su 'ya'yan itace uku da safe huɗu da yamma, suka fusata, ya ce to huɗu da safe uku da yamma, suka yi murna. Ƙungiya uku sun isa. Idan suka wuce haka mai karatu zai daina bambance su.

Akwai wani ƙalubalen da ba a cika ambata ba, kuma ni a ganina ya fi na farko ciwo. Aflatun ya ce to mun ji, abin da kake ji yanzu kai ne alƙalinsa. Amma gobe fa? Mara lafiya ya ce zazzaɓi zai kama shi, likita ya ce ba zai kama shi ba. Gobe za ta yi, ɗayansu zai ji kunya. A kan abin da zai faru, matsaya ba ta zama daidai da matsaya. Masu fito sun fi kowa sanin wannan, tunda wanda ya ce ruwa ba zai ƙaru ba ya ɗaure kwalekwalensa a ƙasa, da safe sai ya neme shi. Don haka ka ba su ƙa'ida cewa matsayu suna da daraja gwargwadon abin da ake hangowa daga kansu. Nitshe, masanin falsafar Jamus, ya faɗi makamancin wannan a 1887, cewa gwargwadon yawan idanun da muka sa a kan abu, gwargwadon cikar fahimtarmu da shi. Da wannan ne mazhabar za ta samu matakan karatu: ɗalibin da ya san gaɓa ɗaya, wanda ya san biyu, wanda ya san tsakiya, wanda ya san kogin a rani da damina.

Wurin da za ka gwada ko ginin ya tsaya shi ne kotu. Kwalekwale ya kife, kaya sun salwanta. Ɗan kasuwa ya ce mai fito ya yi ganganci, mai fito ya ce ɗan kasuwa ya ɓoye nauyin kayansa. Alƙali ba zai ce kowa da gaskiyarsa ya tashi ba, dole wani ya biya. Tsara zaman daki-daki. Da farko kowanne zai faɗi hujjar abokin shari'arsa da bakinsa, ya yi ta gyarawa har sai mai hujjar ya ce "haka nake nufi". Wannan ba ƙirƙira ba ce zalla, domin malaman Indiya sun saba buɗe muhawara da shimfiɗa ra'ayin abokin hamayya kafin su rushe shi. Bayan haka alƙali ya tankaɗe saɓanin ya raba shi kashi uku. Akwai na kalma: "nauyi" a bakin ɗan kasuwa abin da sikeli ya nuna ne, a bakin mai fito yadda kaya ke zama a cikin jirgi ne. Wannan ana warware shi da bayani. Akwai na matsaya: daga tudu ruwan ya yi kama da mai lafiya, daga ciki ba haka ba ne, kuma dukkansu sun faɗi abin da suka gani. Wannan ana rubuta shi a bar shi. Sai abin da ya rage a rariya: buhu nawa aka loda, 12 ko 20? A nan ba a maganar fuskoki, shaidu ake kira. Mai karatu da ya ga wannan zama sau ɗaya ya fahimci mazhabar fiye da wanda aka karanta wa shafi goma na aƙida.

Za a kuma zo da mai kisa ya ce daga matsayarsa daidai ya yi. Amsar tana cikin ginin tun farko idan ka duba. Tunda ba mai ganin duka, kowane mai rai yana riƙe da wani yanki da ba wanda yake da shi. Wanda ya kashe mutum, ko ya rufe masa baki, ya toshe wata taga da ba za a sake buɗewa ba, ya rage wa kowa gani har da shi kansa. Da haka haramcin ya fito daga cikin koyarwar, ba a ɗora shi daga waje ba. Amma ka bar musu abin da zai dame su: azzalumi ma yana da matsaya, to me ya halatta a ɗaure shi? Wannan ya isa ya cinye malamai ƙarni guda.

Kuskuren da marubuta suka fi yi bayan wannan shi ne su mayar da mazhabar taron mutanen kirki masu haƙuri da kowa. Tarihi bai nuna haka ba. Malaman Jain sun yi amfani da koyarwarsu wajen nuna cewa sauran mazhabobi kowace ta kama yanki ne, su kuwa sun tattara, wanda a zahiri da'awar fifiko ce cikin ladabi. Ka bar malamanka su yi girman kai irin wannan. Ka kuma ba su maƙiya masu hankali, waɗanda za su kira su masu fuska biyu, su ce mutanen da ba sa cewa e ko a'a ba a ba su amana. Zargin ba sai ya zama gaskiya ba kafin ya yi tasiri. Ibn Rushd na Kurɗuba ta Andalus, wanda ya rasu a 1198, cewa ya yi gaskiya ba ta karo da gaskiya, hanyoyin isa gare ta ne suka bambanta tsakanin masu burhani (tabbatacciyar hujjar hankali) da masu jidali (muhawara) da masu sauraron huɗuba. Amma a 1277 bishop na birnin Paris ya haramta ra'ayoyi 219, yana zargin wasu malaman jami'a da magana kamar akwai gaskiya biyu masu karo da juna, kuma sunan Ibn Rushd ya daɗe yana ɗauke da wannan tabo a Turai. Abin da mazhaba ta faɗa daban, abin da aka ce ta faɗa daban, kuma mutanen gari a labarinka na biyun za su sani.

Game da yawan abin da za ka rubuta, kada ka wuce kalmomi na musamman 5 zuwa 7, kuma kowace ta fito daga aikin hannu: matsaya, ƙetare, tsakiya, sanda, hazo. Kalmar da mai fito ba zai iya furtawa yana tuƙi ba, cire ta. Ka yi zamani uku: wanda ya kafa amma bai rubuta komai ba, ɗaliban da suka tattara maganganunsa a ɗan matani na layi 30 ko 40, sai masu sharhi da suka zo bayan kogin ya canja hanya ko an gina gada, suna ƙoƙarin fahimtar misalan da ba su taɓa rayuwa a cikinsu ba. Ba sai ka rubuta matanin duka ba, layi 6 ko 7 sun wadatar a littafi guda, in dai ana maimaita su a bakuna daban-daban da ma'ana daban-daban.

Ka tabbata aƙalla layi ɗaya yana da harshen damo. Misali: "Wanda ya ƙetare ya ga gaɓa biyu." Ƙungiyar farko za ta ce ya gan su ɗaya bayan ɗaya, don haka sani tafiya ce kuma ba mai riƙe duka a lokaci guda. Ta biyu za ta ce daga tsakiyar ruwa ana ganin su tare, don haka akwai matsayar da ta fi sauran, kuma alƙali a kanta yake zaune. Ta uku za ta tambaya ko waɗanda suke gardamar sun taɓa shiga kwalekwale, tunda mai tuƙi a tsakiyar kogi ruwa yake kallo.